Radiyo ko Maƙwabci? Tarihin Wata Tambaya Mai Shekara Ɗari

A shekara ta 1922, wani ɗan jarida Ba'amurke mai suna Walter Lippmann ya buɗe littafinsa a kan ra'ayin jama'a da labarin wani tsibiri a tsakiyar teku, inda wasu Turawan Ingila da na Faransa da na Jamus suke zaune tare a 1914. Wayar tangaraho ba ta kai wurin ba, jirgin ruwan da ke kawo musu wasiƙu da jaridu kuwa sai bayan kwana 60 yake leƙowa. Ranar da ya iso cikin watan Satumba suka ji cewa fiye da mako 6 ke nan ƙasashensu suna gwabza yaƙi, alhali su suna nan suna cuɗanya a matsayin aminai. Abin da Lippmann yake nufi shi ne, mutum yana tafiyar da rayuwarsa bisa hoton duniya da ke cikin kansa, kuma mai kawo masa labari shi ne mai zana masa wannan hoto. Daga nan tambayar ta taso, wadda masana suke ta juyawa har yau: shin jarida da radiyo suna da ikon juya zuciyar jama'a yadda suka ga dama, ko kuwa akwai abin da ya fi su ƙarfi?

Ba banza tambayar ta taso a wancan lokaci ba. Yaƙin duniya na farko ya nuna wa gwamnatoci cewa magana makami ce. Da Amurka ta shiga yaƙin a 1917, ta kafa wani kwamiti a ƙarƙashin George Creel, wanda ya baza masu jawabi wajen 75,000 cikin gidajen silima da wuraren taruwa, kowane da jawabin minti 4 na zuga jama'a. Lippmann da kansa ya yi aikin rubuta takardun farfaganda ga rundunar ƙasarsa a 1918, saboda haka ya san inda aka dafa abin. A 1927 Harold Lasswell ya fitar da nazarinsa a kan dabarun farfagandar yaƙin. Sai kuma radiyo ya shigo gidaje. Cikin watan Maris na 1933 Hitila ya naɗa Joseph Goebbels ministan farfaganda, kuma kafin shekarar ta ƙare an fara sayar da wani akwatin radiyo mai araha, domin muryar gwamnati ta shiga kowane ɗaki. A Faransa, wani Barashe almajirin Pavlov, mai suna Serge Tchakhotine, ya wallafa littafi a 1939 inda ya kira farfagandar siyasa fyaɗen da ake yi wa jama'a. A ganinsa, kamar yadda malaminsa ya saba wa kare ya zubar da miyau in ya ji ƙararrawa, haka ake saba wa taro ya yi ihu in ya ga tuta ko ya ji take. Daga baya aka laƙaba wa irin wannan tunani sunan “allura”: a tsira wa jama'a saƙo, ya bi jini, ya yi aikinsa. Ya kamata a sani cewa masu sukar ra'ayin ne suka yayata wannan suna, kuma sun sauƙaƙa maganar magabatansu fiye da kima don su ji daɗin kayar da ita.

Daren 30 ga Oktoba 1938 ya zo kamar hujja. Tashar CBS ta watsa wani wasan kwaikwayo na Orson Welles da aka tsara shi cikin siffar labarai da ɗumi-ɗuminsu, wai wasu halittu daga duniyar Mas sun sauka kusa da birnin Niyok suna hallaka mutane. Kashegari jaridu suka cika da labarin firgici da gudun ceton rai. Hadley Cantril na jami'ar Princeton ya ƙiyasta cewa mutum miliyon 6 suka saurara, fiye da miliyon 1 kuma suka tsorata. Amma ko a cikin binciken nasa, wanda wata masaniya mai suna Herta Herzog ta yi babban aikin hirarrakinsa, abin lura shi ne mutane ba su karɓi shirin iri ɗaya ba. Wani ya murɗa akwatinsa zuwa wata tasha ya ji kiɗa, ya gane wasa ne. Wani ya leƙa taga ya ga motoci suna wucewa, ya ce lalle jama'a ta fara gudu. Masu tarihi na baya sun ƙara rage wa labarin gishiri: wani kamfanin auna masu sauraro ya buga waya gidaje 5,000 a daren, kashi 2 cikin 100 kaɗai suka ce shirin suke saurare. Jaridun da radiyo ya fara janye musu masu talla suna da dalilinsu na kambama ɓarnar kishiyarsu.

Mutumin da ya sauya akalar nazarin baki ɗaya shi ne Paul Lazarsfeld. An haife shi a Biyana ta ƙasar Ostiriya a 1901, digirinsa na dakta kuwa a fannin lissafi ne. Ya je Amurka a 1933 da tallafin gidauniyar Rockefeller, kuma da ya ga yadda al'amura suka rikice a gida, ga shi Bayahude mai ra'ayin gurguzu, sai ya yi zamansa. A 1937 aka ba shi jagorancin wani shirin bincike a kan radiyo. Shi mutum ne mai son ƙirga. Duk maganar da ba za a iya aunawa ba, ba ta cika masa ciki.

Zaɓen shugaban ƙasa na 1940, tsakanin Franklin Roosevelt mai neman wa'adi na uku da Wendell Willkie, shi ya ba shi dama. Shi da Bernard Berelson da Hazel Gaudet suka zaɓi gundumar Erie cikin jahar Ohayo, saboda sakamakonta a zaɓuɓɓukan baya ya saba tafiya kusa da na ƙasa baki ɗaya. Sabon abin da suka kawo shi ne hanyar aikin. Mai ƙuri'ar jin ra'ayi yakan tambayi waɗansu mutane yau, wata mai zuwa ya tambayi waɗansu dabam, saboda haka ba ya iya sanin wane ne ya sauya, balle dalilinsa. Su kuwa suka riƙe mutum 600, suna koma musu kowane wata daga Mayu har Nuwamba, sau 7 ke nan. Duk wanda aka tarar ya sauya ra'ayi tun ziyarar baya, sai a zauna da shi a bi diddigi: me ya karanta, me ya ji, da wa ya yi magana?

Sakamakon da suka fitar a littafinsu na 1944 ya ba su mamaki su kansu. Wajen rabin mutanen sun riga sun san jam'iyyar da za su zaɓa tun watan Mayu, kafin ma a tsai da ƴan takara, kuma ba su gusa ba. Waɗanda yaƙin neman zaɓe ya ɗauke daga wannan ɓangare ya kai wancan ba su wuce kashi 8 cikin 100 ba. Duk jawaban radiyo da shafukan jaridu na wata 6, babban aikinsu shi ne ƙarfafa wa mutum abin da ya riga ya yarda da shi, ko tayar da wanda yake barci ya nufi inda da ma can zai nufa. In an san addinin mutum, da ƙarfin aljihunsa, da ko a birni yake ko a ƙauye, an kusa sanin ƙuri'arsa: talaka ɗan Katolika mazaunin birni ya fi karkata ga Roosevelt, mai hali ɗan Furotesta mazaunin karkara ga Willkie. Wani abin dariya kuma, masu bin labarun siyasa ruwa a jallo su ne waɗanda suka riga suka yanke shawara, kuma kowa gwaninsa yake nema ya saurara. Mai shakka, wanda dominsa ake ɓarnar kuɗin kamfe, shi ne mafi ƙarancin kula da jarida da radiyo.

To wa yake juya shi? Da aka tambayi irin waɗannan mutane, amsar da ta yi ta maimaituwa ita ce miji, ko ɗan'uwa, ko abokin aiki, ko wanda ya biyo ranar zaɓe ya ce tashi mu je. Masu binciken suka lura cewa kusan mutum 1 cikin 5 yana da wani matsayi na musamman: shi ke karanta jarida, shi ke bin jawabai, kuma shi ake tambaya. Suka kira su jagororin ra'ayi. Ba lalle su zama attajirai ko manyan gari ba. Kowane rukuni da nasa, ma'aikatan masana'anta da nasu, manoma da nasu. Daga nan suka kawo shawarar cewa saƙo zango biyu yake yi: daga radiyo da jarida zuwa ga jagora, daga jagora zuwa ga sauran jama'a, bayan ya tace shi ya zuba masa nasa gishirin. Magana ta baki da baki tana da abin da akwati ba shi da shi. Tana zuwa ba zato, cikin hira, lokacin da mutum bai ɗaura ɗamarar gardama ba. Mai yin ta yana ganin fuskarka, ya san inda zai sassauta. Kuma ƙin bin sa yana da tsada, domin gobe ma da shi za a zauna. Wanda ya taɓa ganin yadda ake sauraron labarun sashen Hausa a bakin tebirin mai shayi ko a fadar matasa, inda da zarar an rufe shiri sai kowa ya juya ga mutum ɗaya a ji fassararsa, zai ce masanan Amurka sun sha doguwar hanya kafin su iso inda kowa ya sani. Gaskiya ne, amma su sun sa wa abin lamba, kuma lambar ce ta rufe bakin masu maganar allura.

A 1945 suka sake gwaji a garin Decatur na jahar Ilinoyi, da mata wajen 800, a kan sayayya da ado da silima da al'amuran jama'a. Littafin bai fito ba sai 1955, da sunan Elihu Katz da Lazarsfeld. Zuwa 1960, lokacin da Joseph Klapper ya tattara abin da aka gano, hukuncin jami'o'in Amurka ya zama cewa tasirin kafofin watsa labarai taƙaitacce ne.

Hukuncin ya yi wa wasu daɗi fiye da yadda ya kamata. A 1978 Todd Gitlin ya yi masa kaca-kaca. Ya tuna wa jama'a cewa wani kamfanin mujallu ne ya ba da kuɗin binciken Decatur, kuma shi Klapper ya zama babban jami'in bincike na CBS; kowa ya ci ladan kuturu, dole ya yi masa aski. Ya kuma nuna cewa a cikin alƙaluman Decatur ɗin kansu, a fannin al'amuran jama'a, fiye da rabin sauyin ra'ayin da matan suka ambata ba su danganta shi da maganar wani mutum ba. Mafi nauyin sukarsa ita ce, an ɗauki sauya ƙuri'a cikin ƴan watanni a matsayin ma'aunin tasiri shi kaɗai, kamar zaɓen shugaba da zaɓen sabulu abu ɗaya ne. Idan jarida ta shekara ashirin tana riƙe da mutum a wuri ɗaya, ma'aunin Lazarsfeld zai rubuta cewa ba ta yi kome ba.

A daidai lokacin da ake wannan muhawara a jami'o'i, wasu sun riga sun mai da abin aiki. Tun 1941 manoman Kanada suke taruwa gida-gida su saurari shirin radiyo, su tattauna, su aika da ra'ayinsu tasha. Hukumar UNESCO ta ɗauki dabarar ta gwada ta a 1956 a ƙauyuka fiye da 100 na yankin Puna a Indiya, kuma wanda ya auna sakamakon, Paul Neurath, ɗan Biyana ne da ya yi karatu a jami'ar Columbia inda Lazarsfeld yake koyarwa. Ya gano cewa ƙauyukan da suka saurara a ƙungiyance suka tattauna sun ƙaru da sani nesa ba kusa ba fiye da waɗanda suke da akwati amma ba taro. Nijar ta bi irin wannan hanya da wuri. Radiyon ƙasa ya fara aiki a 1958, a 1962 kuma aka kafa ƙungiyar kulob-kulob na radiyo. Mai jagorantar kulob, sau da yawa malamin makaranta, yakan ɗauki muryoyin mutanen gari da rakoda a kan wata matsala ta noma ko lafiya, a haɗa shiri a Yamai cikin harsunan ƙasa, a watsa, jama'a su taru su saurara su yi muhawara, a sake aikawa da rahoto. Abin alfahari ne cewa manomi ya ji muryar ɗan'uwansa manomi tana fitowa daga akwatin da aka saba jin gwamna a ciki. Sai dai zamanin jam'iyya ɗaya ne, an haramta Sawaba tun 1959, kuma jagoran ra'ayin nan ma'aikacin gwamnati ne. Darasin zango biyu ba ya zaɓen ubangida. Mai son wayar da kai da mai son riƙe jama'a duk suna iya karanta shi.

Talabijin ce ta sa masana suka sake buɗe littafin da suka rufe. A zaɓen Amurka na 1968, Maxwell McCombs da Donald Shaw suka tambayi masu shakka 100 a garin Chapel Hill waɗanne matsaloli suka fi muhimmanci a ƙasa, sannan suka ƙirga filin da jaridu da tashoshi suka ba kowace matsala. Jeri biyun suka fito kusan kwabo da kwabo. Ma'ana, ko da ɗan jarida bai iya gaya maka wanda za ka zaɓa ba, shi ke tsara abin da za a yi gardama a kansa, kuma ɗan takarar da aka yi zaɓe a kan filin da ya fi ƙarfi ya riga ya ci rabi. A 1974 Bajamusa Elisabeth Noelle-Neumann ta ƙara da cewa mutum yakan dubi kafofin watsa labarai ya auna ko ra'ayinsa na da magoya baya. In ya ga kamar shi kaɗai ne, sai ya ja bakinsa, shirunsa kuma ya sa na kusa da shi ma ya yi shiru. Ko a nan, tsoron maƙwabci ne yake yi wa akwatin aiki.

Duk waɗannan bincike a ƙasashe masu jam'iyyu da jaridu barkatai aka yi su, inda muryar wannan take soke ta wancan. Tsohuwar tambayar Tchakhotine, ta inda murya ɗaya ce tak kuma tana kiran jini, ta daɗe ba amsa, domin ba wanda zai bi mutum 600 da takardar tambaya a tsakiyar kisa. Masana tattalin arziki ne suka samo dabara: zangon radiyo ba ya kai ko'ina daidai, tudu da nisa suna tare shi, saboda haka ana iya gwama garin da ya kama tasha da makamancinsa da bai kama ba. Da wannan hanya Maja Adena da abokan aikinta suka koma Jamus a wani nazari na 2015. Sun gano cewa daga 1929 zuwa 1932, lokacin da radiyo yake hannun gwamnatin jamhuriya, ƙuri'un ƴan Nazi sun fi jinkirin hauhawa a inda ake kama shi. Da ya koma hannun Goebbels a 1933 sai abin ya juye. Amma farfagandar ƙin Yahudawa ta fi ci a garuruwan da ƙiyayyar take da tsohon tarihi, a inda ba ta da saiwa kuwa har akasin abin da ake nema ta haifar. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Gwaji mafi muni shi ne Ruwanda. Tashar RTLM ta fara watsa shiri a watan Yuli 1993, da kiɗan zamani da barkwanci da ya ja matasa. Daga Afrilu zuwa Yuli 1994 ta riƙa kiran Tutsi kyankyasai, tana karanta sunayen mutane da wuraren da suka ɓuya. A watan Disamba 2003 kotun duniya da ke Arusha ta sami mutum uku da laifi a shari'ar da aka kira ta kafofin watsa labarai: Ferdinand Nahimana da Jean-Bosco Barayagwiza na RTLM, da Hassan Ngeze mai jaridar Kangura. Nahimana malamin tarihi ne a jami'a, abin da ya isa ya sa duk mai riƙe da alli ya yi tsam. Duniya ta tafi da cewa radiyo ne ya yi kisan.

Scott Straus, wanda ya zauna da fursunoni wajen 200 da suka amsa laifin kisa, bai gamsu ba. A wata maƙala ta 2007 ya nuna cewa tashar ba ta kai yankuna da yawa na karkara sosai ba, kuma kisa ya ɓarke har inda ba a kama ta. Mafi yawan waɗanda ya yi hira da su ba radiyo suka ambata ba. Sun ambaci shugaban yanki da ya zo ƙofar gida, da gungun maza masu adduna da ba a iya ce musu a'a, da tsoron yaƙi bayan harbo jirgin shugaban ƙasa. A ganinsa tashar ta ƙara wa ƴan tsirarun masu tsananin ra'ayi ƙarfin gwiwa, ta nuna musu cewa hukuma na bayansu, su kuma suka tilasta saura.

A 2014 David Yanagizawa-Drott ya tunkari matsalar da taswira. Ruwanda ƙasar tuddai ce, tashar kuma eriya biyu gare ta, ɗaya a Kigali, ɗaya a kan dutsen Muhe, saboda haka ƙauye yana iya kama ta sarai, na bayan tudu kuwa ko ƙus. Ya gwama wannan da yawan mutanen da aka gurfanar gaban kotunan gargajiya na gacaca a kowane yanki. Ƙiyasinsa shi ne kusan kashi 10 cikin 100 na masu hannu a kisan, wajen mutum 51,000, tashar ce sanadin shigarsu, kuma a ta'asar ƴan banga kaɗai rabonta ya kusa kashi ɗaya bisa uku. Ana yawan kawo binciken nan a matsayin raddi ga Straus, har yau kuma masana ba su daina gardama a kan alƙaluman ba. Sai dai akwai wani sashe nasa da ba a cika ambata ba. Ya gano cewa idan ƙauyukan da ke kewaye suna kama tashar, ta'asar ƴan banga tana ƙaruwa har a ƙauyen da bai kama ba, kuma a lissafinsa wannan tasiri da ya bi ta bakin mutane ya jawo ta'asar ƴan banga fiye da wadda sauraron tashar kai tsaye ya jawo. Waɗanda suka ji ne suka tsallaka tudu da ƙafafunsu, suka kai wa waɗanda ba su ji ba.